Labarin Wiliyam Harris, Mai Sandar Gora

Karatunmu na yau yana cikin Bishara ta hannun Markus, sura 9, aya 38 zuwa 40. A wurin ne Yohanna ya kawo wa Ubangiji rahoto, cewa sun tarar da wani mutum yana fitar da aljanu da sunansa, suka kuwa hana shi domin ba a cikin ƙungiyarsu yake ba. Watakila Yohanna yana jiran a yaba masa. Sai Ubangiji ya ce a ƙyale mutumin.

Abin da ya sa na ɗauko wannan wuri, wani dattijon ikkilisiyarmu ne ya tare ni bayan sujada. 'Yarsa ta yi aure a birni, ta fara zuwa majami'ar masu fararen riguna, irin waɗanda muke gani a Sabon Garin Kano da Zariya da Kaduna, masu tuɓe takalma a ƙofa da kaɗa ƙararrawa. Ya ce mini, "Fasto, gaya mini gaskiya, yarinyar nan ta ɓata ne, ko har yanzu tana cikin garke?" Ban iya ba shi amsa a tsaye ba. Na ce ya ba ni lokaci, gama tambayarsa tana da tarihi a bayanta.

Ikkilisiyoyinmu na nan Arewa, yawancinsu 'ya'yan mishan ne. Turawa suka kawo bishara, suka rene mu, sa'an nan suka miƙa mana ragama. Haka aka kafa ECWA a 1954, TEKAN kuma a 1955. Amma akwai wasu ikkilisiyoyi a Afirka da ba Bature ne ya haife su ba. Baƙar fata ne ya ji kira, ya tashi, ya yi wa'azi, jama'a suka bi shi. Wani masani mai suna David Barrett ya ƙidaya su a 1968, ya sami fiye da 5,000 a ƙasashe 34, da mabiya kusan miliyan 7. Ba zan iya bin su duka ba. Zan ba ku labarin mutum ɗaya, wanda mu da muka yi makarantar tauhidi muka haddace sunayen su Bingham da Kumm tun kafin wani ya ambata mana nasa.

An haifi Wiliyam Wade Harris wajen 1860, cikin kabilar Girebo, kusa da Cape Palmas a ƙasar Laberiya. Kawunsa, faston Metodis, shi ya ɗauke shi yana yaro ya koya masa karatu da rubutu cikin harshensu da Turanci. Da ya girma ya yi leburanci a jiragen ruwa masu bin gaɓar teku, ya yi aikin gini, daga baya ya koma ikkilisiyar Efiskofal, 'yar'uwar Angilikan, ya zama malamin makaranta da mai koyar da katikisma. Ya kuma yi wa gwamnati tafinta. Mutum ne mai sa kwat da takalmi, mai zafin siyasa. A lokacin, jikokin bayin da aka 'yanta daga Amurka su ke mulkin Laberiya, 'yan ƙasa irin su Girebo kuwa suna kukan danniya. A 1909 Harris ya ɗaga tutar Ingila a bakin teku kusa da garin Harper, alamar ya fi son mulkin Ingilishi da na gwamnatinsu. Aka kama shi da laifin cin amanar ƙasa, aka jefa shi kurkuku.

A cikin kurkukun nan ne, a 1910, ya ce Mala'ika Jibra'ilu ya bayyana gare shi, ya naɗa shi annabi, ya umarce shi ya tuɓe tufafin Turawa, ya fita ya yi wa'azi yana yi wa mutane baftisma. Ni ban kasance a ɗakin ba, ku ma haka. Abin da muke iya aunawa shi ne abin da ya biyo baya.

A watan Yuli na 1913 ya ƙetare iyaka zuwa Kwaddibuwa, wadda take hannun Faransa. Shekarunsa sun haura hamsin, wato sa'ana ne, lokacin da yawancinmu muka fara lissafin fansho da ciwon gwiwa. Ya sa farar riga har ƙasa da farin rawani, ba takalmi. A hannu ɗaya doguwar sandar gora mai siffar gicciye, a ɗayan Littafi Mai Tsarki, ga caki na duma, ga 'yar ƙwaryar ruwan baftisma. Mata biyu suna biye da shi suna waƙa, Helen Valentine da Mary Pioka. Ba mishan a bayansa, ba albashi, ba keke. In sun shiga gari sai su fara waƙa da kaɗa caki har jama'a su taru. Wa'azinsa gajere ne: Allah ɗaya ne, Yesu ya fi dukan iskoki ƙarfi, ku kawo gumakanku da layunku a ƙone, ku karɓi baftisma, ku kiyaye ranar Lahadi, ku bar sata da zina. Wanda ya yarda sai ya durƙusa ya kama gicciyen, a zuba masa ruwa cikin sunan Uba da Ɗa da Ruhu Mai Tsarki, a ɗora masa Littafi a ka. In iska ta buge wani a wurin, sai Harris ya tsawata mata da sunan Yesu.

Ku lura da abu ɗaya. Mutanen gaɓar nan sun daɗe suna jin labarin Yesu daga bakin fada-fadan Katolika da 'yan kasuwa masu bi, amma kaɗan ne suka tuba. Abin da ya riƙe su tsoro ne. In na yar da layar nan, wa zai tsare ni daga maita? In na bar tsafin gidanmu, wa zai hana 'ya'yana mutuwa? Bature mai wa'azi yakan ce waɗannan abubuwa camfi ne, babu su. Mutumin ƙauye kuwa ya san abin da yake hana shi barci da dare. Harris bai ce musu babu iskoki ba. Cewa ya yi akwai wanda ya fi su, ya kuma tsaya a tsakiyar gari ya cinna wa gumaka wuta a gaban masu tsafin, bai mutu ba. Ganin haka, masu tsafi da kansu suka riƙa kawo kayansu. Labari ya riga shi isa garuruwa, har waɗansu ƙauyuka suka ƙone nasu tun bai iso ba.

Ya bi ta Fresco da Lahou da Grand-Bassam, ya shiga ƙasar da muke kira Gana yau har garin Axim a 1914, inda wani sanannen lauya, Casely Hayford, ya gan shi da idonsa ya kuma rubuta ɗan littafi a kansa. Cikin wajen wata 18, masana tarihi suna lissafin mutum 100,000 ko fiye suka karɓi baftisma ta hannunsa da hannun waɗanda ya aika. Bai karɓi ko anini a kan baftisma ba.

To, ga abin da ya fi taɓa ni. Mutumin da jama'a irin wannan suka bi, da ya so, da ya kafa daularsa. Bai yi ba. Inda akwai majami'ar Katolika ko ta Metodis, sai ya ce wa sababbin tuba su tafi can. Inda babu, ya ce su gina ɗakin sujada, su zaɓi dattawa goma sha biyu su lura da jama'a, da mai wa'azi ɗaya, su jira masu zuwa da Littafi su koya musu. Da suka tambaye shi wace waƙa za su yi wa Allah, ya ce su ɗauki muryoyin waƙoƙinsu na gargajiya su sa sunan Allah a ciki.

Da farko gwamnan Faransa ya ƙyale shi. Amma Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke a watan Agusta na 1914, Turawan mulki suka tsorata da baƙon da yake jin Turancin Ingilishi, yana tara dubban mutane. Aka kama shi da matan da ke tare da shi, aka yi musu dūka, aka kore su zuwa Laberiya a farkon 1915. Helen Valentine ba ta daɗe ba ta rasu saboda wahalar da ta sha. Aka rushe majami'u a ƙauyuka da dama. Harris ya yi ta ƙoƙarin komawa, ana mai da shi daga iyaka.

Shekara goma mutanen nan suna jira. A 1924 wani Baturen Metodis, William Platt, ya zo daga Dahomey, wato Jamhuriyar Benin ta yanzu, ya zaga ƙauyukan. Ya tarar da majami'u cike ran Lahadi. A waɗansu, jama'a sun tara kuɗi sun sayi babban Littafi Mai Tsarki na Turanci sun ajiye a kan tebur, ba mai iya karanta ko harafi ɗaya a cikinsu. Su taru, su yi waƙa, mai wa'azi ya maimaita ɗan abin da ya riƙe daga bakin Harris, su yi addu'a, su watse. Shekara goma! Mu da muke da Littafi cikin Hausa tun 1932, wani ma uku ne a gidansa, sai mu tambayi kanmu yaushe rabonmu da buɗe shi ran Talata.

Dubbai suka shiga Metodis, Katolika ma ta cika. Ikkilisiyar Metodis ta Kwaddibuwa a kan wannan harsashi ta tsaya. Amma zaman bai yi daɗi ga kowa ba. Mishan ta kawo kuɗin kati na membobi, mutane suka ce annabi bai taɓa karɓar kuɗinsu ba. Ta hana caki a sujada. Ta ce mai mata fiye da ɗaya ba shi da baftisma sai ya sallami sauran, alhali Harris bai kori matan kowa ba. A 1926 mishan ta aiki Pierre Benoit wurin tsohon, ya komo da takarda mai cewa mabiyansa su shiga Metodis. Waɗanda ba su gamsu ba suka aiki nasu mutane a 1928, cikinsu da wani saurayi mai suna John Ahui, ya komo da sandar gicciye da albarkar annabin. Daga nan Ikkilisiyar Harris ta fito, tana nan har yau a kudancin Kwaddibuwa, da fararen tufafinta da cakinta. A Gana kuma Grace Tani da John Nackabah, waɗanda suka tuba ta hannunsa, suka kafa Ikkilisiyar Manzanni Goma Sha Biyu. In kun duba, ba a kan Allahntakar Yesu aka rabu ba. A kan kuɗi ne, da kiɗa, da aure, da kuma wa zai yi shugabanci.

Kada wani ya ce fasto ya wanke su tas. Ban wanke ba. Harris ya yi baftisma ba tare da koyarwa ba, shi kansa kuma ya tara mata, abin da ba zan iya kāre shi daga Littafi ba. Akwai kuma hatsarin da yake bin irin waɗannan ikkilisiyoyi: in annabi ya mutu, sai ƙaunar da ake yi masa ta zarce iyaka. Dubi Kwango. Simon Kimbangu, mai bi ne na Baftis, ya yi wa'azi da warkarwa na 'yan watanni kawai a 1921, Turawan Beljiyam suka ɗaure shi shekara 30 har ya mutu a kurkuku a 1951. Ikkilisiyar da ta taso da sunansa ta shiga Majalisar Ikkilisiyoyin Duniya a 1969. Daga baya shugabanninta suka fara koyar da cewa Kimbangu shi ne Ruhu Mai Tsarki cikin jiki, har suka mai da Kirsimati 25 ga Mayu, ranar haihuwar ɗansa. A 2021 Majalisar ta cire su. Bulus da Barnaba, da mutanen Listira suka so yi musu hadaya, tufafinsu suka kyakketa. Wannan yana cikin Ayyukan Manzanni sura 14.

Saboda haka da na koma wurin dattijon nan, ban ce masa e ko a'a ba. Na tuna masa cewa masu fararen riguna na ƙasarmu, irin su Kerubim da Serafim da Moses Orimolade da Christiana Abiodun suka fara a Legas a 1925, muna zama da su a inuwa ɗaya cikin CAN, gama ƙungiyarsu ta OAIC ɗaya ce daga rukunoni biyar na CAN. Na ce ya shirya ya tafi birni, ya tuɓe takalmansa ya shiga tare da 'yarsa, ya zauna har a tashi. Ya saurara da kyau: sunan wa aka fi kira, na Yesu ko na mai majami'ar? Ana buɗe Littafi a karanta, ko wahayi kaɗai ake ji? Ruwan addu'a da kyandir, kyauta ne ko da farashi? Sa'an nan ya tambayi yarinyar abin da ta je nema can wanda ba ta samu wurinmu ba. Na gargaɗe shi cewa amsar wannan ta ƙarshe mai yiwuwa ba za ta yi mana daɗin ji ba, ni da shi duka. Laifi tudu ne, in ji Hausawa. Sau nawa mace ta zo mana da tsoron mafarki ko ciwon ɗa, muka sallame ta da cewa ta zo ofis ran Alhamis?

Shi Harris bai sake ganin garken da ya tara a Kwaddibuwa ba. Ya ci gaba da yawon wa'azi a Laberiya, ya je Saliyo da ƙafa, amma ba a sake ganin taro irin na 1914 ba. Sa'ad da Benoit ya same shi, ya tsufa, yana zaune cikin talauci a wani gida da ya lalace kusa da Cape Palmas, da farar rigarsa da sandarsa. Ya rasu a 1929.

Mako mai zuwa, in Ubangiji ya kai mu, za mu dubi Joseph Ayo Babalola, direban motar daɓe hanya, da farkawar da aka yi a Ilesha a 1930. Ku zo da Littafinku.