Shin Da Gaske Ne A Da Fim Ba Ya Magana?

Wani mai sauraronmu, ɗan kasuwar hatsi daga Batsari, da wani manomi daga Safana, sun aiko da tambaya kusan iri ɗaya: wai da gaske ne a da fim bebe ne? Kuma ko an taɓa yin fim a kan 'yan ci-rani?

To malamai, gaskiya ne. A 1895 wasu 'yan'uwa biyu, su Lumiya, suka fara nuna wa jama'a hoto mai motsi a birnin Faris. Sai dai a ga baki na motsi, a karanta rubutu a allo. Fim mai magana bai kankama ba sai 1927 a Amurka.

Batun ci-rani kuwa, tun farko aka fara da shi. Tsakanin 1880 da 1924 mutanen Italiya fiye da miliyan 4 suka tsallaka teku zuwa Amurka, yawancinsu talakawan ƙauye da gona ta kasa ciyarwa. A 1915 aka yi wani fim, The Italian, labarin matuƙin kwalekwale da ya koma goge takalma a Niyok, jaririnsa ya rasu don rashin madara mai tsabta. Duk wanda ya taɓa tura ruwa a Ikko bayan an kai amfani gida ba ya bukatar tafinta a nan.

Mu a Arewa ta hanyar majigi muka san abin. Motar gwamnati ta zo da almuru, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, tafinta ya riƙa bayani da Hausa a kan tsabta ko noman auduga.

Amma a ganinmu wanda ya fi dacewa da tambayarku shi ne Shaihu Umar, duk da shi mai magana ne. Adamu Halilu ya shirya shi a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa na 1934. Umar ba ci-rani ya je ba, sace shi aka yi yana yaro, wani Balarabe, Abdulkarim, ya tafi da shi ƙasar Masar ya riƙe shi kamar ɗansa, ya sa shi karatu har ya zama babban malami. Mahaifiyarsa ta keta Sahara nemansa, ita ma aka bautar da ita. An gyara tsohon faifan, aka sake nuna shi a Balin ta Jamus a 2018.