Aro ko Hauzi: Tarihin Shari'ar Tayar da Mazaunin Gida a Ƙasar Karfi

Karfi tana cikin ƙasar Malumfashi, mazaunin Galadiman Katsina. Tun da layin dogo ya iso Funtuwa a ƙarshen shekarun 1920, noman auduga ya jawo baƙi zuwa wannan yanki. A al'ada baƙo yakan sami masauki ta hannun mai unguwa ko wani maigida, ba takarda, sai shaidar dattawa. Rigima takan taso ne bayan mai gida ya rasu, magada su ce aro ne, mazauni ya ce kyauta ce.

Alƙalai suna komawa ga Mukhtasar na Khalil da Tuhfa ta Ibn Asim. A mazhabar Malikiyya, bare da ya riƙe gida shekara goma, yana rushewa yana ginawa, mai shi yana gani bai yi magana ba, kuma babu abin da ya hana shi, to da'awarsa ta faɗi. Tsakanin dangi wa'adin ya fi haka tsawo. Amma idan aka tabbatar da aro ko haya, daɗewa ba ta zama mallaka. Haka kuma ba a fitar da mai takaba daga gidan mijinta sai iddarta ta cika.

Dokar ƙasa ta 1910 da ta 1978 sun mai da ƙasa hannun gwamna, sai dai ba su warware wannan tambaya ba. Har yau hukunci yana rataye a kan shaidu, su kuwa shaidu mutuwa suke yi.