Tarihin Dajin Baban Rafi

Baban Rafi daji ne da ke gundumar Madarunfa, kudu da birnin Maraɗi a Jamhuriyar Nijar, dab da iyakar Najeriya. Geza da sabara da tsiriri ne suka fi yawa a cikinsa. Tun kaka da kakanni manoma ke samun itace da magani a nan, Fulani kuma na kiwo. A da har giwaye kan ratso shi daga dazuzzukan Katsina da Zamfara.

Zuwan Turawan Faransa ya sauya al'amarin. Dokar gandun daji ta 1935 ta mayar da dazuzzuka hannun hukuma, dokar Nijar ta 1974 kuma ta bi sahunta. Sai ya zamana ɗan ƙauye na shan tara idan ya sare itace, alhali dillalan birni na sayen takardar izini su cika motoci su wuce Maraɗi. Dajin da ba na kowa ba, babu mai tsaronsa.

Farin shekarun 1970 da na 1984 ya sa aka sake tunani. A 1984 aka yi babban taron ƙasa a Maraɗi kan yaƙi da gurgusowar hamada, a 1992 kuma aka kafa dokar kasuwannin itace na karkara. Tsarin shi ne a keɓe wa ƙauye yankinsa na daji, a raba shi kashi-kashi, a sari wani bana a bar saura su huta. Masu saran itace na ƙauyen ke tara itacen a kasuwa, a auna, dillali ya saya a hannunsu. Harajin kuma a raba tsakanin ƙauye da ƙaramar hukuma da baitulmali, a ware wani abu don gyaran daji. Baban Rafi na cikin dazuzzukan da aka gudanar da wannan tsari.

Yau faɗaɗa gonaki da saran ganganci na cin dajin, 'yan bindiga kuma sun mai da shi maɓoya. Sai an dawo da tsaro kafin mutanen ƙauyukan su iya riƙe amanar da doka ta ba su.