Akwatin da Ya Cinye Dandali

An fara talabijin a Nijeriya a Ibadan cikin 1959, ya iso Kaduna cikin 1962. Mu kuwa a Wurno sai bayan an kafa NTA cikin 1977 muka san shi sosai, shi ma da batirin mota ake kunna shi.

Kafin nan, da an sallame isha'i sai dandali, sa'an nan tatsuniya wurin kakata. A bakinta na fara jin cewa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya rasu cikin 1837, kabarinsa na nan garinmu, Sardauna kuma a Rabah aka haife shi. Da akwatin ya zo sai muka watse mata. Lalle ba na ƙin *Idon Matambayi*, na sha dariyarsa har da hawaye. Amma lokaci kansa ya sake, watau sai ka ji mutum ya ce, "Mu haɗu bayan labaru."

Wani ɗan'uwana a Goronyo, madatsar ruwa tana bayan garinsu, bai yarda abin kallo ba ce sai ran da ya gan ta a allo. Kashegari da sassafe ya ɗauki keke ya nufi can.