Daga Laurel da Hardy Zuwa Ibro: Tarihin Barkwancin Cikin Gida

Sau da yawa idan marubuta suka haɗu aka ambaci finafinan camama, sai ka ga an taɓe baki, wai shirme ne. To, amma wannan shirme yana da tarihi, yana kuma da ƙa'ida.

Da fim ya fara magana a Amurka a 1927, 'yan wasan barkwanci da dama sun rasa tudun dafawa, domin da motsin jiki kaɗai suka saba ba da dariya. Stan Laurel da Oliver Hardy na cikin waɗanda suka tsira. Gajeren fim ɗinsu mai magana na farko, Unaccustomed As We Are na 1929, rikicin gida ne: Hardy ya kwaso aboki cin abinci bai sanar da uwargida ba, ita kuwa ta yi yaji. A Helpmates na 1932, uwargida na hanyar dawowa daga tafiya, gida ya yi kaca-kaca, Hardy ya kira Laurel ya taya shi gyara. Ƙarshenta gidan ya ƙone ƙurmus. Sauti sai ya zame musu ƙarin makami: ƙarar fashewar tangaran da faɗan uwargida.

A ƙasar Hausa kuwa, an buɗe sinimar Rex a Kano a 1937, majigi kuma ya riƙa kewaya garuruwa. Sai dai ba fim ne ya koya mana wasa da zaman aure ba. 'Yan kama sun daɗe suna ba da dariya, kuma a tashe 'yan mata na yin wasan Mairama da Daudu. Daga baya talabijin ta fito da su Samanja da Karkuzu.

Mutumin Lajawa ko Wudil ba ya bukatar a gabatar masa da marigayi Rabilu Musa Ibro, ɗan Ɗanlasan, wanda ya bar aikin gandiroba ya rungumi wasa har rasuwarsa a Disamba 2014. Shi ma yakan fito a maigida mai cika baki, wanda dabararsa ke komawa kansa.

Ƙa'idar dai ɗaya ce: ƙaramar matsala, sai yunƙurin gyara, kowane gyara ya haifi ɓarnar da ta fi ta baya. Wannan tsari ne, ba dace ba. Duk marubucin da ke raina camama, ya gwada rubuta shafi biyu da za su sa mutum dariya, sannan ya dawo mu yi magana.