Kwantaccen Ciki da Nauyin Ciyar da Ɗa a Kotunan Alƙalai

Tun zamanin Daular Sakkwato alƙalan ƙasar Hausa suke dogaro da littattafan Malikiyya, musamman Risala ta Ibn Abi Zaid da Mukhtasar na Khalil da Tuhfatul Hukkam ta Ibn Asim, wajen yanke hukunci a kan nasaba, wato jingina ɗa ga mahaifinsa, kuma Turawan da suka ci ƙasar a 1903 sun bar wannan fanni a hannun alƙalai tare da aure da saki da gado. Ƙa'idar ita ce ɗan da aka haifa wata shida ko fiye bayan aure na mijin ne, ba shi da hanyar kore shi sai li'ani, rantsuwar da ta zo a Suratun Nur, inda miji ke rantsuwa sau huɗu, a ta biyar ya kira wa kansa tsinuwa idan ƙarya yake yi, matar ta mayar da tata, aure ya mutu har abada, ɗa ya bi uwa.

Da zarar nasaba ta tabbata, nafaƙa, wato ci da sha da sutura da muhalli, ta hau kan uba har namiji ya balaga ya iya nema, mace kuwa har ta tare a ɗakin miji. Fiƙihu ya bai wa uwa haƙƙin reno ko bayan saki, amma al'ada ta rinjaye shi a gidaje da yawa, inda uba kan karɓe ɗansa bayan yaye ya miƙa wa kaka ko kishiyar uwar, sau da yawa don ya huta da zuwan masinjan kotu a kan kuɗin ciyarwa.

Inda lamarin ya fi jan hankali shi ne kwantacce, cikin da ake cewa ya kwanta a mahaifa sannan ya farka, wanda malaman Malikiyya suka ba shi wa'adin shekara huɗu ko biyar, ta yadda bazawarar da ba ta sake aure ba tana iya jingina abin da ta haifa ga tsohon mijinta. Likitoci ba su yarda da haka ba, sai dai alƙalan da suka riƙe hukuncin sun san abin da suke karewa, domin yana raba yaro da sunan shege, ya ba shi gado da mai ciyarwa, ya kuma kau da haddi daga kan uwa. Wannan hujja na cikin waɗanda Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a a Katsina ta dogara da su da ta wanke Amina Lawal, bazawarar da aka yanke wa hukuncin haddi bayan ta haihu, a watan Satumba na 2003.

Maroko, wadda ita ma Malikiyya take bi, ta taƙaita wa'adin zuwa shekara ɗaya a dokar iyalinta. Gwajin ƙwayoyin halitta ya zo da sabuwar gardama, amma majalisar fiƙihu ta Rabiɗa, ƙungiyar Musulmin duniya, a zamanta na Makka a 2002, ta yanke cewa ba a gabatar da shi a kan li'ani wajen kore ɗa.