Wasiƙar Ibnul Jauzi Ga Ɗansa, Da Abin Da Ya Biyo Bayanta

 

Ya 'yan'uwa, kwanakin baya wani dattijo daga cikin iyayen ɗalibanmu ya same ni bayan sallar La'asar, ransa a ɓace. Ɗansa na fari, saurayi ɗan shekara 19 wanda ya sauke Alƙur'ani a hannunmu, ya daina zuwa makaranta, ya koma zaman majalisa, ba ya shigowa gida sai dare ya raba. Ya ce mini, "Malam, na yi faɗa na gaji, na yi lallashi na gaji. Ko akwai wani littafi da za ka ba shi ya karanta?" Na ce masa, "Akwai, Alhaji." Na ɗauko wani ɗan ƙaramin littafi da nake ƙauna tun ina ɗalibi, mai suna Laftatul Kabid, wato wasiƙar da Imam Ibnul Jauzi ya rubuta wa ɗansa. Muka yi dare uku da yaron ina karantawa ina fassara masa. Da muka kai ƙarshe, ina jira in ga ko jikinsa ya yi sanyi, sai ya ɗago kai ya ce, "To Malam, shi ɗan nasa ya ji maganar?"

Wallahi tambayar ta kama ni, domin na daɗe ina karantar da wannan littafi amma ban taɓa yi wa kaina ita ba. Ita ce ta mayar da ni ga littattafan tarihin malamai, musamman Siyaru A'alamin Nubala'i na Imam Zahabi da Zailu Ɗabaƙatil Hanabila na Ibnu Rajab, kuma abin da na tarar a cikinsu shi nake so in kawo wa mai karatu a yau.

Rubuta wa ɗa nasiha daɗaɗɗen abu ne a wurin malaman Musulunci. Asalinsa yana cikin Alƙur'ani, a wasiyyar Luƙman ga ɗansa. Malamin Malikiyya na Andalus, Abul Walid Albaji, wanda ya rasu a shekara ta 474 bayan Hijira, ya bar wa 'ya'yansa biyu wasiyya a rubuce. Ayyuhal Walad na Imam Gazali kuwa, wanda ya fi shahara a wurinmu, ɗalibi aka rubuta wa, ba ɗan cikinsa ba. Abin da ya bambanta wasiƙar Ibnul Jauzi shi ne akwai ciwo a cikinta. Ko sunanta ya nuna haka: kabid da Larabci hanta ke nan, kuma Larabawa suna kiran 'ya'ya yankin hantar iyayensu, kamar yadda mu ma muke cewa wane da wane hanta da jini ne.

An haifi Abul Faraj Abdurrahman Ibnul Jauzi a Bagadaza wajen shekara ta 510 Hijira (1116 Miladiyya), cikin gidan masu sana'ar tagulla. Mahaifinsa ya rasu yana ɗan kimanin shekara 3, kuma shi da kansa ya ambata a Saidul Khaɗir cewa mahaifiyarsa ba ta mayar da hankali a kansa ba. Gwaggonsa ce ta kama hannunsa ta kai shi masallacin malamin hadisi Abul Fadli Ibnu Nasir. A wannan littafi ne kuma ya ba da labarin yadda yakan fita neman hadisi da busasshen gurasa, ya zauna a bakin ƙoramar Isa, ba ya iya haɗiye loma sai ya kora da ruwa. Da ya balaga aka miƙa masa dinari 20 da gidaje 2 aka ce gādonsa ke nan, alhali mahaifin ya bar dukiya mai yawa. Ya sayi littattafai da dinarin, ya sayar da gidajen ya kashe kuɗin a neman ilimi. Daga wannan maraici ya tashi har ya zama mai wa'azin da babu kamarsa a Bagadaza, wanda Halifa Almustadi'u da kansa yakan saurara ta bayan labule.

A farkon wasiƙar ya gaya mana cewa ya roƙi Allah 'ya'ya goma, kuma Allah Ya ba shi, maza biyar mata biyar. Sai mutuwa ta ɗauke mata biyu da maza huɗu. Cikin waɗanda ya binne har da babban ɗansa Abdul'aziz, wanda ya riga ya fara wa'azi, ya rasu a Mausil a shekara ta 554. Namiji ɗaya ya rage masa, shi ne Abul Ƙasim Ali, wanda aka haifa a 551. Mai karatu ya duba nauyin da ke kan wannan yaro: shi kaɗai ne ya saura ya gāji uban da duk gari yake nunawa da yatsa. Da uban ya fara ganin kasala a tattare da shi wajen karatu, sai ya ɗauki alƙalami.

Wasiƙar gajera ce, ana iya gama ta a zama ɗaya. Ya tsara wa yaron yininsa tun daga farkawar asuba har kwanciya, ya gargaɗe shi game da abokan banza, ya kwaɗaitar da shi kan ya kame kansa daga abin hannun mutane, ya tuna masa cewa nasabarsu tana komawa ga Abubakar Siddiƙ (RA), ya lissafa masa littattafan da zai karanta, mafi yawansu na uban ne, irin su Zadul Masir da Saidul Khaɗir. Ya kuma buɗe masa ƙofa, ya nuna masa cewa abin da ya wuce na sakaci ba ya hana mutum farkawa. Amma wurin da ya fi daɗewa shi ne labarin ƙuruciyarsa: yadda yana ɗan shekara shida yake zama da manyan yara a makaranta, yadda bai taɓa wasa a kan hanya ba, yadda sa'o'insa suke gangarawa kogin Dijla kallo a kan gada shi kuwa yana gefe da takardarsa.

A nan zan faɗi ra'ayina, tare da sanin cewa ni ban kai ƙurar takalmin wannan Imami ba. Lokacin da nake ɗalibi wannan sashe shi ya fi burge ni. Da na karanta shi da idon yaron da ke gabana, sai na ji shi daban. Wane saurayi ne a cikinmu bai taɓa jin "mu a zamaninmu" ba? Uban ya tashi maraya, yunwar ilimi da ta ciki suka kora shi gaba. Ɗan ya tashi a gidan da komai ya riga ya samu, kuma duk inda ya shiga sunan ubansa ya riga shi isa. Abin da uba yake bayarwa a matsayin tsani, wani lokaci ɗa yakan gan shi a matsayin katangar da ba zai iya haurawa ba, sai ya ƙi ma gwadawa.

To, ya ji maganar? Amsar da tarihi ya ajiye ba mai daɗi ba ce. Masu tarihi sun ce Ali ya yi wa'azi a ƙuruciyarsa, daga baya ya bari, ya karkata ga raha da zama da mutanen da ba su dace ba, har uban ya ƙaurace masa na shekaru. Sannan babbar jarrabawa ta zo a shekara ta 590 (1194).

Dalilinta siyasa ce ta fada. Waziri Ibnu Yunus, wanda Ibnul Jauzi yake da kusanci da shi, a zamaninsa ne aka ƙone littattafan wani mutum da ake kira Ruknu Abdussalam bisa zargin falsafa da duba taurari, aka karɓe makarantar kakansa, Shehu Abdulƙadir Jilani (Allah Ya yi masa rahama), aka ba Ibnul Jauzi. Da aka tuɓe Ibnu Yunus, Ibnul Ƙassab ya hau, sai reshe ya juye da mujiya. Aka zo aka kama tsoho mai shekara kusan 80 da kayan zaman gida a jikinsa, aka rufe gidansa, aka warwatsa iyalinsa, aka sa shi cikin jirgin ruwa zuwa garin Wasiɗ. Shekara biyar ya yi a can a tsare, shi yake wanke tufafinsa, shi yake dafa abincinsa, shi yake jan ruwa a rijiya. A wannan lokaci ne, in ji masu tarihi, Ali ya sami hanyar shiga wurin littattafan ubansa, ya kwashi abin da ya kwasa ya sayar da su a kan kuɗin da bai kai ko na tawadar da aka rubuta su ba. Mutumin da ya sayar da gidajen gādonsa don ya sayi littattafai, ga ɗansa yana karyar da littattafan a kasuwa. Duk lokacin da na zo wannan wuri sai na ajiye littafin na ɗan yi shiru.

Sai dai akwai wani ɗa da wasiƙar ba ta ƙidaya ba, domin lokacin da aka rubuta ta ba a haife shi ba. Shi ne Yusuf, wanda Allah Ya ba Ibnul Jauzi a shekara ta 580, yana da kimanin shekara 70. Yaron yana ɗan shekara 10 aka tafi da ubansa. An ruwaito daga Imamin cewa a zamansa na Wasiɗ kullum yakan sauke Alƙur'ani, amma ba ya iya karanta Suratu Yusuf saboda baƙin cikin rabuwa da wannan yaro. Yusuf ɗin nan ne ya tashi ya fara wa'azi tun yana ƙarami, har labarinsa ya kai ga mahaifiyar Halifa Annasir, ita kuma ta yi wa tsohon ceto wurin ɗanta. A shekara ta 595 aka sake shi. Kafin su baro Wasiɗ, uba mai shekara tamanin da wani abu da ɗansa suka zauna tare gaban malamin ƙira'a na garin, Ibnul Baƙillani (ba shi ne shahararren malamin aƙidar nan ba), suka karanta Alƙur'ani da ƙira'o'i goma. Ya koma Bagadaza jama'a suka fito tarbarsa, ya ci gaba da wa'azi har ya rasu a watan Ramadan na 597 (1201).

Da a ce labarin ya tsaya a nan, da sai mu ce ga ɗan kirki ga ɗan banza, mu tashi. Amma dole mai karatun tarihi ya tambayi wane ne ya ba da labari. Mafi zafin abin da aka faɗa a kan Ali ya fito ne daga bakin Sibɗu Ibnil Jauzi, marubucin Mir'atuz Zaman, jikan Imamin ta wajen 'yarsa Rabi'a, wanda ya tashi a hannun kakan yana ƙaunarsa ƙwarai. Wato ɗa ne yake ba da labarin kawunsa a cikin rigimar gida, kuma duk wanda ya taɓa zaman sulhu tsakanin dangi ya san yadda irin wannan shaida take. Ban ce ƙarya ya yi ba, domin wasu ma sun ambaci cewa Ali yakan taɓa mutuncin ubansa da baki, yakan kuma ɗauki littattafansa. Amma a wurin Zahabi an kawo wata fuskar. An kira shi Annasikh, wato mai kwafar littattafai, domin da wannan sana'a yake ci. An siffanta shi da kame kai da yi wa kansa hidima, malamin hadisi Ibnu Nuƙɗa ya ce amintacce ne, jinsa na hadisi ingantacce ne, kuma mai yawan hadda ne. Ya rayu shekara 33 bayan ubansa, masu neman hadisi suna zuwa suna ɗauka daga gare shi, ya rasu a Ramadan na 630 (1233) yana da shekara 79. Kame kai daga abin hannun mutane, da riƙon alƙalami, da hadisi: duk suna cikin abin da wasiƙar ta nema daga gare shi, ko da yake uban bai rayu ya ga ƙarshen ba.

Shi kuwa Yusuf, wanda aka fi sani da Muhyiddin, ya ɗaukaka ƙwarai. Ya riƙe hisbar Bagadaza, ya karantar da Hambalawa a makarantar Mustansiriyya, halifofi suka riƙa aika shi jakadanci wurin sarakuna, har ya zama shugaban fadar Halifa Almusta'asim. Shi ne ya gina makarantar Jauziyya a Dimashƙa. A nan bari in warware wani ruɗani da nake yawan ji a bakin matasa, masu ɗaukar Ibnul Jauzi da Ibnul Ƙayyim mutum ɗaya ne. Mahaifin Ibnul Ƙayyim shi ne ƙayyim, wato mai kula da wannan makaranta ta Yusuf, shi ya sa ake ce wa ɗansa Ibnu Ƙayyimil Jauziyya. Shi ya rasu a 751, shekara 154 bayan Ibnul Jauzi. Kuma shi ne ya rubuta Tuhfatul Maudud a kan hukunce-hukuncen jariri da tarbiyya, inda ya ɗora mafi yawan lalacewar 'ya'ya a wuyan iyaye maza da sakacinsu. Maganarsa gaskiya ce a galibi, kuma shi ma galibi ya ce. Gidan Ibnul Jauzi kuwa uba ɗaya ne, tarbiyya ɗaya, 'ya'ya biyu, kowa da hanyar da ya bi.

A shekara ta 656 (1258) rundunar Hulaku ta shiga Bagadaza, aka kashe Halifa, aka kashe Muhyiddin Yusuf tare da 'ya'yansa maza uku, dukansu malamai. Allah Ya jiƙan su, Ya jiƙan Ali da mahaifinsu.

Na koma na gaya wa yaron duk wannan, ban ɓoye masa komai ba, har da zancen sayar da littattafan. Ya saurara har ƙarshe bai ce uffan ba, sai da zai tashi ya roƙe ni in ara masa littafin. Washegari Alhaji ya tare ni a ƙofar masallaci yana tambaya ko an dace. Na ce masa littafin yana hannun yaron, amma ina roƙon alfarma shi ma ya ba ni dare uku, domin akwai sashen labarin da ya fi shafar iyaye. Ya yi murmushi ya ce, "To Malam, sai bayan Isha'i."